Baƙuwar da Ta Rubuta Babana

Ina cikin shekara ta huɗu da fara koyarwa a lakwal, wato makarantar boko, a Gure, saura kwana kaɗan mu tafi babban hutu, direktanmu ya aiko a kira ni. Na same shi a ofis da wata anasara doguwa, gashinta fari fat an rage shi kamar na namiji, rana ta ƙona mata fuska ta yi jajur. Ya ce daga Suwidin ta zo, marubuciya ce, tana neman wadda ta iya Faransanci da Hausa da Barbarci ta yi mata tafinta tsawon hutu.

Ko shawara ban yi ba na amsa. Ni a lokacin ban taɓa ganin mai rubuta littafi ido da ido ba. Ina da kaye uku, littattafan rubutu irin na 'yan makaranta, a ƙarƙashin katifa cike da labaran da nake rubutawa, ko mijina bai san da su ba. Ina kallon hannun matar nan ina cewa a raina, wai wannan hannun ne ya rubuta littattafai.

A cikin motar katkat ɗin da ta yi haya muka san juna. Hanyoyin ƙauyukanmu yashi ne zalla, mota na tafe tana nishi, ba abin yi sai hira. Ta ce an haife ta can ƙuryar arewacin ƙasarsu, a wani ƙauye da ba a wata sana'a sai saran itace. Ubanta a injin tsaga katako ya yi aiki har injin ya cinye masa yatsu biyu, uwarta kuma shara take yi a makarantar ƙauyen. Ita ce ta fara yin karatu mai zurfi a danginsu. Littafinta na farko a kan ubanta ta rubuta shi tun tana da ƙuruciya, aka yaba, har wasu suka mai da shi fim. Amma a fim ɗin sai suka mai da uban mashayi mai dukan matarsa, mutumin da ta ce ko tsawa bai iya ba. Aka nuna fim ɗin a zauren taron ƙauyensu, yana zaune cikin maƙwabtansa. Ana tsakiyar kallo ya tashi ya fita, ya kuma yi shekaru bai yi mata magana ba.

"Shi ya sa na koyi rubuta fim da kaina," in ji ta. "Na yi rantsuwa ba wanda zai sake taɓa mini labari."

Daga nan ta shiga rubuta wa talabijin labaran 'yan sanda da masu kisan kai, ta daɗe tana yi. Ta ce su suka ciyar da ita da ɗanta guda bayan aurenta ya mutu. Tsakani takan fitar da littafi, wani ya karɓu, wani ya wuce shiru. Yanzu ta ce ta gaji da rubuta gawarwaki. Ta karanta cewa a yankinmu tuddan yashi na cinye kwaruruka, tana son ta rubuta littafi a kan mutumin da ke faɗa da yashi.

Na ce, "Madam, ai mutumin da kike nema babana ne."

Ni na faɗa da bakina. Ba wanda ya matsa mini.

Garkar babana tana cikin wani kwari a kan hanyar Gidigir. Dabino ne ya gada daga kakansa, a ƙarƙashinsu yana noma rogo da albasa da ɗan rake, ruwa kuwa ka tona kamu kaɗan ka same shi. Ta gabas da kwarin akwai wani tudun yashi da ke matsowa kowace shekara. Tun yana saurayi ya ga yadda irin wannan tudu ya binne kwarin da ke kusa da namu, har kan dabino kawai ake hange. Wata rana ya lura da yadda yashi ke taruwa a bayan shingen turken shanu bai tsallake ba, sai ya ce to bari ya yi wa tudun kansa shinge. Ya riƙa saro kalimbo, wani tsiro mai siraran rassa da ke fita a jigawa, yana lodawa a jaki, yana kafawa layi-layi a gadon tudun. Tun ba a haife ni ba ya fara. Mutane suka yi ta dariya, suna cewa ga mai ɗaure wa iska ƙafa. A wannan aikin wani reshe ya soke masa idon hagu ya rasa shi. Bai bari ba. Lokacin da na yi wayo ciyawa ta rufe gadon tudun, masu dariya sun fara zuwa koyo.

Da na kai masa baƙuwa ya shimfiɗa mata tabarma a inuwar dabino, ya sa aka dama fura. Ya ce mini, "Uwata, ki ce mata ta yi haƙuri da mu, ba mu iya karɓar manyan baƙi ba." Sunan mahaifiyarsa aka sa mini, shi ya sa yake kirana haka.

Kusan wata biyu muna zuwa. Takan zauna da ɗan littafinta a cinya, ta yi tambaya, in mayar, ya ba da amsa, in mayar. Ta iya tambaya, wannan ba zan hana ta ba. Ba ta katse mutum, in ya yi shiru sai ita ma ta yi shiru har ya ci gaba da kansa. Ta hau tudun da ƙafarta, ta ɗauki damin kalimbo ta ji nauyinsa, ta koyi gaisuwa da Barbarci tana kwaɓawa mata na dariya. Ni kuma ta koyi kirana "ƙanwata".

Wata safiya ta tambaye shi ko akwai abin da aikin nan ya raba shi da shi bayan ido. Sai ya ba ta labarin da ni 'yarsa ban taɓa ji daga bakinsa ba. Na san ina da wa da ya rasu kafin a haife ni, amma ba a zancensa a gidanmu. Ashe ƙyanda ce ta kama shi yana ɗan shekara uku. Babana ya ga kamar jikin da sauƙi, ya kora jakinsa ya tafi saro kalimbo can nesa, tafiyar kwana biyu. Kafin ya dawo an binne yaron. Innata ita kaɗai ta riƙe shi har ya cika.

"Da ina nan ma ba abin da zan iya," in ji babana. "Na sani. Amma ba na nan."

Na mayar mata da maganar. Sai ga ta tana hawaye. Ta ajiye abin rubutunta, ta ce in gaya masa ta san nauyin abin da ya ba ta, kuma za ta riƙe shi amana. Na gaya masa. Da bakina na ce masa amana.

Ta koma ƙasarsu. Muka riƙa gaisawa a waya jifa-jifa. Bayan wasu shekaru littafin ya fito da yarensu, daga baya aka fassara shi da Faransanci ta aiko mini da guda. Gaskiya littafin ya yi kyau. Ta canza sunaye, ta mai da tafinta namiji, abin da ya ɗan sosa mini rai, amma tsohon cikin littafin babana ne: dabararsa, taurin kansa, yadda yake magana da jakinsa. Rasuwar yaron ma ta rubuta ta da ladabi, yadda ya faɗa. Na riƙa karanta masa ina mayarwa da Hausa, yana dariya yana cewa, "Kai, har wannan ta riƙe?" Na yi ta yawo da littafin a jaka ina nuna wa abokan aiki.

Sai ta aiko cewa za a mai da shi fim, kuma ita da kanta take rubuta fim ɗin. Na yi murna. Na tuna rantsuwarta na ce to babana ya tsira. Ba a Gure suka ɗauka ba, wata ƙasa suka je can arewa, ta ce ta fi musu sauƙi. Ban damu ba.

Da fim ɗin ya fito aka turo mini shi, na kalla a ordinatar, wato kwamfutar lakwal, bayan an tashi yara, ni da wata abokiyar aikina. Da farko dariya muke. Mutanen cikin fim sun sha rawani irin wanda ba ma yi, suna wani yare da ba Hausa ba ba Barbarci ba, sai fassarar Faransanci muke karantawa a ƙasan allo, ga raƙuma ko'ina kamar ba mu da wata dabba. Sai ga tsoho mai ido ɗaya yana kora jaki. Na ce, "Ga Baba nan!"

Tsohon nan itatuwa yake sarewa yana ƙona gawayi. Shi ne ya tsiraita tudun har yashi ya taso. Sai ga wata budurwa anasara, wadda babu ita a littafin ko a shafi ɗaya, ta sauko daga mota da taswira a hannu. Ta nuna masa yadda ake kafa shinge. Ya kore ta, yana cewa yashi ikon Allah ne, mai tare shi ya yi saɓo. Ta roƙe shi, ya ƙi. Sai iska ta taso, tudu ya zubo a kan bukkarsa, ya danne ɗansa ɗan shekara uku. Aka nuna tsohon yana tona yashi da hannu yana ihu. A ƙarshe ya je ya durƙusa gaban budurwar, ta kama hannunsa ta nuna masa yadda zai riƙe reshe ya kafa.

Da fim ya ƙare sunaye suka fara hawa. Sunanta na nan, ita kaɗai, a matsayin wadda ta rubuta.

Ban san lokacin da na miƙe ba. Abokiyar aikina ta ce na ɗauki kujerar da nake zaune na buga da bango, ni ban tuna ba. Mutumin da ko busasshen reshen goruba ba ya bari a sara ba da izininsa ba, shi aka mai da mai gawayi. Mutumin da bai taɓa fashin salla ba, kuma bai taɓa cewa addini ya hana shi aiki ba, shi aka sa wa wannan maganar a baki. Ga yaron. Ta ɗauki ciwon da ya ɓoye shekara da shekaru, wanda ya ciro ya ba ta a inuwar dabinonsa, ta juya shi ta ce shi ya kashe ɗansa da jahilci. Kuma ta bar idon, ta bar jakin, yadda duk wanda ya san kwarinmu ba sai an gaya masa ko wane ne ba.

Na yi niyyar in ɓoye. Amma wa ke ɓoye abu yanzu? Cikin makonni kaɗan guntayen fim ɗin suka shiga wayoyin mutane, don an ji cewa labarin Gure ne. Ranar kasuwa babana ya kawo rogo, wani mai shago ya miƙa masa waya yana dariya, ya ce, "Malam, ashe anasara ce ta koya maka, ka bar mu muna yabonka?" Wata mata kuma ta tare innata a gidan suna ta ce, "Ashe yashi ne ya danne yaron nan? Mu da aka ce mana ƙyanda ce." Innata ta dawo gida ta kwanta, kwana biyu ba ta ci abinci ba. Babana ya daina zuwa kasuwa, ƙanena ya riƙa kai kaya.

Ranar Asabar na hau motar kasuwa na je ƙauye. Na same shi a garka yana ban ruwa. Na gaishe shi ya amsa, bai ɗago ba. Na zauna na ba shi labarin fim ɗin daga farko har ƙarshe, don gara ya ji gaba ɗaya da ya riƙa jin guntu-guntu a bakin mutane. Ya saurara har na gama. Ya ajiye guga, ya goge hannu a riga.

"Uwata," ya ce, "ni ban ji Faransanci ba. Duk abin da ya fita bakina, ta bakinki ya bi kafin ya kai kunnenta. Me kika gaya mata?"

Duk abin da na gani a fim ɗin bai yi mini ciwon wannan tambayar ba. Na ce, "Baba, ni? Ai na karanta maka littafin, ka ji da kunnenka."

"Ke kika karanta mini," ya ce a hankali. "Shi ma ta bakinki ya bi."

Ba faɗa yake ba. Tambaya yake tsakaninsa da Allah, don ba shi da wata hanyar sani. Na tashi na bar garkar ina kuka, na hau kan tudun inda waya ke kamawa, na kira ta.

Ta ɗauka da murna, "Ƙanwata!"

Na ce, "Kada ki ƙara kirana haka. Na ga fim ɗin."

Sai ta fara bayani. Ta ce ta so ta kira ni tun tuni ta rasa ta inda za ta fara. Ta ce masu ɗaukar nauyin fim sun ce mutanen ƙasarsu ba za su zauna kallon tsoho yana kafa itace awa biyu ba, sai an sa musu wadda ta yi kama da su. Sun ce ƙyanda ba ta kallo, sai an yi mutuwar da ido zai gani. Ta ce ta sake rubutun ya fi a ƙirga, ta yi faɗa, ta yi fushi ta fita daga taro. Ta ce da ta janye, wani za su ba, ya yi abin da ya fi wannan muni. Har ta ce ai ta yi ƙoƙari ta ceto idon da jakin.

Na ce, "Kin ceto jakin? Jakin kika ceto? Madam, da idon nan da jakin nan ake nuna babana a kasuwa. Innata tana kwance. Yanzun nan babana ya tambaye ni ko ni na yi masa ƙarya. Ke da kika ba ni labarin ubanki a mota kina sharar hawaye, kika ce ya tashi ya fita cikin maƙwabtansa. Ke wasu suka yi wa. Mu ke kika yi mana da hannunki, kin kuma san yadda abin yake."

Sai na ji tana kuka. Kukan bai taɓa ni ba ko kaɗan. Na ga irinsa a garka.

Ta ce, "Me zan yi? Faɗa mini."

Na ce, "Gobe da safe za ki gaya wa babana da bakinki cewa abin da ya faɗa shi na mayar miki. Kuma ba ni zan yi tafinta ba."

Akwai wani tsohon soja a ƙauyenmu, abokin babana tun suna yara, ya iya Faransanci. Shi na roƙa. Washegari da hantsi muka hau tudun mu uku, na kira ta, na buɗe muryar wayar yadda duk za mu ji, na miƙa wa tsohon sojan wayar, na koma gefe na zauna. Ta yi magana mai tsawo. Ta ce 'yarsa ba ta ƙara ba, ba ta rage ba. Ta ce ta san shi ya ƙirƙiro shingensa, ta san bai taɓa ƙona gawayi ba, ta san yadda yaron ya rasu. Ta ce laifin nata ne, tana neman gafara. Tsohon sojan yana mayarwa yana tsaki.

Babana ya ce, "Tambaye ta, hannunta ne ya rubuta, ko an rubuta an sa sunanta?"

Ta ce hannunta ne.

"To, shi ke nan," in ji shi. "Ka ce mata na ji. Yaya jikinta? Yaya ɗanta?"

Wallahi na so in fizge wayar in jefar. Ana gama wannan sai gaisuwa? Amma haka yake, baƙon da ya taɓa zama a tabarmarsa ba ya iya yi masa tsawa. Da aka kashe wayar ya juyo gare ni ya ce, "Uwata, ki yafe mini." Na ce ba komai. Amma ina kallon tsoho mai furfura yana neman gafarar 'yarsa a kan laifin da wata ta yi tana can ƙasarsu, raina ya ƙara ɓaci.

Daga baya ta rubuta wani dogon bayani a jaridar ƙasarsu, ta faɗi gaskiyar labarin, ta aiko mini da fassara. An ce an yaba mata ƙwarai a kan wannan, wai ta yi jarunta. Fim ɗin ma an yaba. Ta ko'ina dai ita ce da yabo. A Gure kuwa ba wanda ke karanta jaridar Suwidin. Ta kuma rubuto cewa ta tuna na taɓa ce mata ina rubutu, in turo mata labaraina ta nuna wa masu buga littafi. Ban ba ta amsa ba.

Na ɗauka abin ya wuce. Babana ya koma kasuwa bayan an sauke dabino, mutane sun sami wani abin magana. Sai bayan kamar shekara guda, wata Asabar ina ƙauye, ga motar wani furoje, wato shirin masu yaƙi da hamada. Mai gari ya sa aka tara manoma a ajin makarantar ƙauyen da rana tsaka, aka toshe tagogi da tabarmi, aka ta da injin wuta. Samari ne 'yan boko su uku daga birni, masu ladabi, sun ce sun kawo fim na wayar da kai a kan yadda ake tare yashi. Na tsaya a bakin ƙofa cikin mata. Ana kunnawa na gane shi.

Ɗayansu na tsaye gefen allo yana bayani da Hausa. Da aka zo inda tsohon ke korar budurwar, ya ce, "Kun gani ko, iyayenmu? Irin wannan taurin kan ne ke kashe mana ƙasa." Babana na zaune a layin gaba a kan bencin yara, gwiwoyinsa sun kusa taɓa haɓarsa.

Na kutsa cikin maza na shiga. Na ce, "Ku kashe abin nan!" Saurayin ya ce, "Hajiya, ki yi haƙuri a gama." Na ce, "Ba za a gama ba. Kun san wane ne wannan tsohon da kuke nunawa? Ga shi nan zaune gabanku. Ku fita ku dubi tudun gabas, ku gaya mini wace anasara ce ta shuka ciyawar da ke kai." Na faɗi maganganu da yawa, wasu ba su dace da malamar makaranta ba. Mai gari yana ta "Ke, ke," ban ko kalle shi ba.

Sai wani maƙwabcinmu ya miƙe. Mutumin nan ya fi kowa yi wa babana dariya a da, kuma sun yi shekaru suna rigimar iyakar garka. Ya ce, "Yara, yarinyar nan ta yi rashin kunya, amma ba ta yi ƙarya ba. Ni nan ban taɓa shiri da mutumin nan ba. Amma shingen nan ya fara kafa shi tun iyayenku ba su yi aure ba. Ni ma wurinsa na koya. Yaronsa kuma ni na haƙa kabarinsa, ƙyanda ce."

Suka kashe fim ɗin. Samarin suka rasa inda za su sa kansu, babbansu ya zo ya durƙusa gaban babana yana ba shi haƙuri, ya ce su ba su sani ba, daga sama aka ba su.

Babana ya ce, "Ba komai, ɗana. Amma shingen cikin fim ɗin nan, wa ya kafa musu shi? Sun jera shi yana bin iska. Wannan ko mako ba zai yi ba. Ku zo in nuna muku."

Ya kai su kan tudun cikin ranar nan. Ya nuna musu ta inda iska ke fitowa, yadda ake gicciya mata layi, tazarar da ake bari, da yadda ba a cika matse rassan don iska ta sami wurin wucewa ta bar yashin. Suka yi ta rubutawa, suka ɗauki hotuna, suka yi godiya har da riƙe hannunsa da hannu biyu. Washegari muka ji sun nuna fim ɗin a ƙauye na gaba. Yana cikin tsarin aikinsu, in ji direbansu. Ni kuma ranar Litinin wani babba a wurin aikinmu ya kira ni ya ja mini kunne a kan kunyata baƙi.

Bara ɗanta ya aiko mini da saƙo cewa ta rasu bayan doguwar jinya. Ya ce ta bar wani littafi ba ta gama ba, ya ce ta sha ambatonmu. Na karanta saƙon sau biyu ina jira in ji zuciyata ta yi sanyi, ba ta yi ba. Na san akwai kirki a matar nan, na gan shi da idona wata biyu. Na kuma tabbata ta san abin da take yi lokacin da ta zauna ta rubuta tsohon nan yana durƙusawa. Duka biyun gaskiya ne, na kuma kasa barin ɗaya ya goge ɗaya.

Da na je ƙauye na gaya musu. Babana ya yi salati, ya ce Allah ya ba ɗanta haƙuri, ya ce in aika masa da ta'aziyyarsa. Innata na tsakar gida tana sheƙar gero. Tun ranar gidan sunan nan ba ta taɓa ambaton matar ba, ko da "baƙuwa". Ta tsaya da ƙwarya a hannu ta dube ni.

"Fim ɗin fa?" ta ce. "An binne shi tare da ita?"

Na ce, "A'a, Inna. Yana nan."

Ta juya ta ci gaba da sheƙarta.